Kowa Ya San Taken, Ba Wanda Ya San Mai Shi

Duk wanda ya yi wayo a zamanin mulkin soja ya san abin da ake nufi idan aka murɗa rediyo da sassafe aka ji badujala a inda aka saba jin taken buɗe tasha. Tun kafin wani hafsa ya gyara murya ya fara jawabi, magidanta sun riga sun hana yara leƙa waje, 'yan kasuwa sun fasa buɗe rumfa. Haka aka yi a Fabrairun 1976, haka a ƙarshen Disambar 1983, haka a Afrilun 1990. Kiɗa ne ya fara ba da labari, ko in ce rashin kiɗan da kunne ya saba da shi.

Wannan kaɗai ya isa ya nuna cewa 'yan sakan goma ko ashirin da ke gaban kowane shiri ba kwalliya ba ne, aiki suke yi. Mai shayi a Terminus, cikin garin Jos, ba ya duba agogo kafin ya san an kusa labarai. Matar da ke shirya yara a Anguwar Rogo tana jin taken shirin safe ta san in ba su fita yanzu ba sun makara. Take yana gaya wa mutum tashar da ya kama, da shirin da ke tafe, da irin zaman da zai yi masa, na nutsuwa ne ko na raha. Kuma wani ne ya zauna ya ƙirƙire shi, ya auna, ya rage, ya ƙara. Sana'a ce mai zaman kanta, tana da hanyar shiga, tana da hanyar ci, tana da irin tsufanta. Abin da ba ta da shi a wajenmu abu biyu ne: ambaton suna, da kuma takardar yarjejeniya.

Bahaushe ba baƙo ba ne a wannan fage. Tun kafin a san akwatin rediyo, sarki na da takensa a tambari da kakaki, ɗan dambe na da nasa a kalangu, jarumin noma na da nasa a gangar noma. Ana buga shi, ko a bayan katanga kake, ka san wanda ya iso. Sai dai a wancan tsari kowa ya san makaɗin, ya san ubansa da ya gada, kuma duk ranar da aka buga take mai shi zai sa hannu a aljihu: riga, ko damin hatsi, ko doki in mai hali ne. Ba kaya ba ne da ake saye sau ɗaya a yi gaba, hulɗa ce da ke tafiya muddin ana raye. Da rediyo ya zo sai ya ɗauki rabin al'adar, wato amon da ke sanar da isowa, ya bar rabin da ke ciyar da makaɗi. Na'ura za ta buga take sau dubu, ba ta jiran liƙi.

Manyan tashoshin duniya da muka taso muna kamawa a gajeren zango da aro suka fara. Muryar Amurka ta ɗauki tsohon kiɗan nan nasu na Yankee Doodle, BBC ta daɗe tana buga Lillibullero kafin labarai, DW ta ciro 'yan amo daga wani aikin Beethoven. Dalilin na fasaha ne: mai sauraro yana murɗa allura cikin shuu da ƙara, yana buƙatar abin da zai yi ta maimaituwa kafin a fara shiri don ya gane ya iso wurin. A Najeriya kuwa, bayan an kafa gidan rediyon ƙasa, NBS, a 1951, sai aka koma ga ganga. Timi na Ede, Oba Adetoyese Laoye, basarake kuma gwanin gangar dundun, shi ake danganta wa bugun nan da ke faɗin sunan tashar da bakin ganga. Abin dariya, jimlar Turanci ce gangar ke kwaikwaya, amma Yarabawa masu sauraro sai kowa ya liƙa mata kalmomin da kunnensa ya ji, har da masu cewa tambaya take yi wa zai hau gado idan Olubadan, sarkin Ibadan, ya rasu. Haka abin yake har gobe. Take na fita daga sutudiyo ya zama na jama'a, yara su sa masa baitinsu na tsokana, kuma ranar da suka sa masa, ranar ya zauna.

A gari irin Jos babu makarantar da ake shiga a fito da shaidar "mai taken rediyo". Wani yaron coci ne, ya koyi fiyano a gefen mawaƙa, ya iya bin murya duk inda ta karkata. Wani a sutudiyon waƙoƙin fim da na biki ya taso, yana danna abin da muke kira kiɗan fiyano a kan Yamaha tun yana ɗan aike. Wani kuma ma'aikacin tashar ne da kanta, injiniyan sauti ko mai haɗa shiri, aka lura yana da kunne, aka fara da "ɗan haɗa mana wani abu", a hankali abin ya zame masa jiki. Jos ta tara su duka. Ga gidan rediyo da talabijin na jihar Filato, PRTVC, da kwalejin talabijin ta NTA a Rayfield, ga hukumar fina-finai ta ƙasa da makarantarta, ga garin da ya fitar da Ɗan Maraya a wani zamani, ya fitar da su P-Square da M.I a wani.

A da can mai irin wannan aiki ɗan albashi ne. Gidan rediyon gwamnati na da sashen kiɗa da makaɗansa, kuma mutum mai girman Fela Sowande ne ya dawo daga Ingila a 1953 ya riƙe sashen kiɗa na NBS. (Wani yanki na kiɗansa ma gidan rediyon Kanada ya ɗauka ya mai da shi taken wani shiri na shekaru masu yawa, abin da 'yan Najeriya kaɗan ne suka sani.) Dokar kafafen yaɗa labarai ta 1992 ta buɗe wa 'yan kasuwa ƙofa, Raypower ta fara aiki a Legas a 1994, daga nan tashoshin FM suka yi ta tsirowa a kowace jiha. Sai a zaci kakar masu take ta yanke saƙa, tunda kowace tasha na son nata amon, kowane shiri ma haka. Buƙata kam ta ninka. Amma a daidai lokacin ne kwamfuta ta maye gurbin ƙungiyar makaɗa, aikin mutum goma ya koma hannun mutum ɗaya mai manhajar haɗa kiɗa irin FL Studio ko Cubase, farashi kuma ya bi shi ƙasa.

A leƙa ɗaya daga cikin irin ɗakunan da ake wannan aiki, a wani lungu bayan Ahmadu Bello Way ko can Bukuru. Ɗaki ne ɗan ƙarami, an manne bangonsa da soso da kwalin ƙwai. Kwamfuta ɗaya, fiyano da wasu maɓallansa sun dushe don dannawa, janareta na ƙugi a nesa da doguwar waya don kada makirfo ya ɗauko ƙararsa. Furodusa ya shigo a tsaitsaye, mukullin mota a hannu.

"Yaro, sabon shiri za mu fara ranar Litinin. Ka yi mana wani abu mai zafi, irin na BBC, amma kuma a ji na gida ne."

"To ranka ya daɗe, sakan nawa ake so?"

"Kai dai yi kawai, ma yanke."

"Maganar ɗan abin da za a ba da fa, Oga?"

"Haba, ai tare muke. Wannan ai talla ce a gare ka."

Iyakar yarjejeniyar ke nan, kuma a cikinta duk wata rigimar da za ta taso nan da shekara goma take kwance.

Abin da furodusan ya kira "wani abu" a gaskiya tarkace ne guda biyar ko shida. Akwai cikakken taken buɗewa. Akwai wanda ake shimfiɗawa a ƙasa mai gabatarwa na karanta kanun labarai, wanda dole ya iya zagayowa ba a ji mahaɗinsa ba, domin yau kanu uku ne gobe bakwai. Akwai ɗan guntu na sakan biyu ko uku da ke raba labari da labari, da na tafiya talla, da na dawowa, da na sallama. Wanda ya goge yakan ƙara da wani salo mai sanyi ya ajiye, don ba a buɗe labarin rasuwar sarki da amon da ake buɗe labarin ƙwallo. Dukansu daga ƙwaya ɗaya suke fitowa, 'yan amo uku zuwa biyar da yaro zai iya yi da fito yana tafe. Kamfanin NBC na Amurka amo uku kacal yake da su, amma ya kai su rajista a 1950, suka zama sauti na farko da aka yi wa rajistar tambarin kasuwanci a ƙasar. Wahalar ba ta ƙirƙirar abu mai daɗi ba ce. Mai daɗi da yawa yana ginsa a mako na uku. Abin nema shi ne wanda za a ji sau dubu uku bai hau wa mutum kai ba, kuma sau da yawa wannan yana nufin cire duk wani ado da makaɗin ya fi alfahari da shi.

Sai lissafi, wanda shi ne ke raba mawaƙi da mai take. Mawaƙi yana tsayawa inda waƙa ta ƙare, mai take yana tsayawa inda agogo ya ce. A ɗauka an ba shi sakan 30. Kiɗa bisa ɗabi'a yana tafiya ne gaɓa huɗu, takwas, sha shida, kowace gaɓa bugu huɗu. Idan ya sa saurin bugu 120 a minti, kowace gaɓa za ta ci sakan biyu, gaɓa 16 ta ci sakan 32. Ya yi ratata da sakan biyu, injiniya kuma zai datse masa wutsiya ba tausayi. Ko dai ya ɗaga sauri zuwa 128, inda bugu 64 ke cika sakan 30 cif, ko ya sace gaɓa ɗaya a inda kunne ba zai lura ba. Ko a hakan ma dole ya bar wa amon ƙarshe wurin da zai mutu a hankali. Mai sauraro bai san da wannan ba, amma yana jin ƙaiƙayi a kunne duk lokacin da aka yanke take a tsakiyar numfashi, abin da tashoshinmu ke yi kullum.

David Lowe, wanda ya fara daga gidan rediyon BBC na Birmingham, a kan wannan lissafin ya gina taken labaran BBC da aka fara amfani da shi a 1999. BBC na da ƙararrawar nan ta "fit, fit, fit" guda shida da ke sanar da cikar awa tun 1924. Maimakon ya ƙirƙiro baƙon abu, sai ya ɗauki wannan ƙarar da mutane suka riga suka yarda da ita, ya sa ta faɗo kowace sakan, ya ɗora ganguna a kai. Kiɗan da kansa ya zama agogo mai ƙirga saura. Shi ya sa duk furodusa ke cewa "irin na BBC", kuma shi ya sa kwaikwayon ke fitowa fanko: ana kwafar gangunan a bar dalilin. Lowe ya tambayi kansa wane sauti ne mutanensa suka riga suka aminta da shi. Wanda ke zaune a Jos, idan ya yi wa kansa wannan tambayar, ba zai sami amsa a Landan ba.

Daga nan sai maganar inda za a saurara. A sutudiyo akwai manyan lasifika masu fitar da kaurin sauti har ƙirji ya amsa. A waje kuwa abin da ke akwai shi ne rediyon hannu mai batir, da ƙaramar waya mai tocila, da rediyon motar haya da lasifikar gefe ɗaya ta mutu. Zangon FM na ɗaukar sauti har kusan kilohaz 15, matsakaici da gajeren zango ba su cika wuce 5 ba, ƙaramar lasifika kuma ba ta san da zaman kaurin ƙasa ba sam. Take da aka jingina shi kan dundum ɗin ƙasa, yana isa Farin Gada ya zama iska. Shi ya sa za ka ga wanda ya san aiki, bayan ya gama haɗawa, ya tura kiɗan cikin tsohuwar waya mai fasasshen gilashi, ya fita bakin titi ya kara a kunne cikin hayaniyar Keke. In amon ya tsira a nan, ya tsira ko'ina. Kayan kiɗanmu na gargajiya sun dace da wannan ba tare da an roƙe su ba. Kuntigin Ɗan Maraya, tsirkiya ɗaya a kan gwangwanin kifi da aka rufe da fata, yana ratsa kowace irin rediyo tar, haka kalangu, haka sarewa. Sai dai su ma suna da illa: a daidai inda muryar mutum take nan suke zaune, don haka in za a yi magana a kansu dole a janye su baya, in ba haka ba mai karanta labarai da algaita su yi ta kokawa.

Idan kuma take na ɗauke da kalmomi, sunan tasha ko sunan shiri, wata sabuwa ta taso. Hausa na da karin sauti, hawa da sauka, tana da dogon wasali da gajere, kuma kiɗa ba ya da ikon taka su. Kukan yaro da kukar miya sautin gaɓar ƙarshe ne ya raba su. Makaɗi na iya tsara amo mai kyan gaske, ya ɗora kalmar a kai, amon ya hau inda harshe ke sauka, sai ma'ana ta karkace ko a ji mawaƙin kamar baƙo. Makaɗan gargajiya ba su taɓa samun wannan matsala ba domin daga magana suke ciro kiɗa. Yawancin jingil ɗin Hausa, wato gajerun waƙoƙin talla, da ake tsarawa a Legas a aiko, a nan suke faɗuwa, kuma a nan ne ɗan Jos ke da abin da ba a iya sayowa daga nesa.

Jos kuma tana da nata ƙarin nauyin. Hausa ce harshen kasuwa da na coci da na masallaci, amma masu jin ta ba ƙabila ɗaya ba ne ba kuma addini ɗaya ba. Garin da ya ga rikicin da ya gani a 2001 da 2008 da 2010, kunnuwansa a buɗe suke. Kayan kiɗan da aka sa a gaban shiri yana faɗin wanda aka gayyata tun kafin a yi sallama. Kakaki da algaita suna cewa fada. Kundung na Berom yana cewa wani abu daban, tulun zumuntar mata ma haka. Shirin da ake so kowa ya ɗauka nasa ne, kamar labaran jiha ko shirin lafiya, dole mai takensa ya auna wannan da kyau, kuma mafita ba ita ce a zuba komai a tukunya ɗaya ba. An yi ta yin irin wannan a waƙoƙin zaman lafiya, kowace ƙabila a ba ta sakan biyu, a ƙarshe a rasa wanda zai iya rerawa. A ɗaya gefen kuma, a Jos aka kafa Izala a 1978, kuma akwai ɗimbin masu sauraro da ba sa son kayan kiɗa a gaban shirin addini. Nan mai take zai ajiye fiyano ya yi aiki da murya zalla, ya naɗi mutum ɗaya sau huɗu ko biyar, ya jera muryoyin su cika wuri. Wanda bai iya wannan ba, ya rasa kasuwar azumi gaba ɗaya.

Yanzu maganar kuɗi. A Ingila da Amurka akwai ƙungiyoyin karɓar haƙƙin makaɗa, PRS da ASCAP, dukansu tun 1914. Tasha na rubuta abin da ta buga, ƙungiya na karɓa ta raba. A irin wannan tsari, take da ake bugawa kullum, shekara da shekaru, yana iya fin waƙar da ta yi tashen wata uku amfani ga mai shi. A nan kuwa ana biya ne sau ɗaya, in ma an biya. Masu gidajen rediyo na da hujjarsu, kuma ba ta banza ba ce. Sukan ce mai haƙa rijiya ana sallamarsa ne ranar da ya cimma ruwa, ba ya dawowa ya zauna a bakinta yana karɓar kuɗi kan kowace guga. Ga dizal, ga kuɗin lasisi, ga ma'aikatan da su ma ke bin albashi. Na yarda da rabin wannan magana. Babu laifi mutum ya sayar da aikinsa ɗungurungum idan ya san abin da ya sayar kuma farashin ya nuna haka. Matsalar ita ce a cinikin take yawanci mai sayarwa bai san me ya sayar ba, mai saye ma bai san me ya saya ba.

Doka ta fi su sani. Dokar haƙƙin mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris 2023, ta ce haƙƙi yana fara tabbata ne ga wanda ya ƙirƙiri abu, kuma ba ya komawa mallakin wani sai a rubuce. Kariyar kiɗan da aka tsara tana kaiwa shekara 70 bayan rasuwar mai shi, ta sautin da aka naɗa kuma shekara 50, domin abu biyu ne daban. Ke nan tashar ɗan kasuwa da ta turo kuɗi ta waya ba tare da takarda ba, izinin amfani ta samu, ba mallaka ba. In ta buɗe reshe a wani gari ta kai taken can, ko ta ba wani kamfani ya ɗora tallarsa a kai, akwai magana. Amma akwai togaciya mai nauyi ga mutanen Jos da Abuja, inda manyan tashoshi na gwamnati ne: aikin da aka yi wa gwamnati ko wata hukumarta, in ba a rubuta akasin haka ba, nata ne. Shirun da ke kare makaɗi a wancan ofis, shi ke cinye shi a wannan.

Ƙungiyoyin karɓar haƙƙi muna da su, sai dai sun shafe shekaru suna shari'a. An amince da COSON a 2010, ta yi takun-saƙa da gidajen rediyo da talabijin a ƙarshen 2013 har aka daina sa waƙoƙin wasu 'ya'yanta, aka sasanta a 2014. An amince da MCSN a 2017, aka dakatar da lasisin COSON a 2018. Ko da a ce duk wannan ya daidaita gobe, mai take ba zai ga sisi ba in ba a cika sharaɗi biyu ba: ya yi rajistar aikinsa, tasha kuma ta riƙa rubuta abin da ta buga. In babu rubutu, rabo zai bi sunayen da aka sani ne, wato manyan mawaƙa, alhali kiɗan da aka fi bugawa a tashar nasa ne.

Ni a ganina suna ma ya fi gaggawa, domin shi ba ya cin dizal. A Amurka, BJ Leiderman ya tsara taken shirin safe na gidan rediyon NPR da aka fara a 1979, ya kuma yi wa wasu shirye-shiryen gidan, kuma shekara da shekaru ana faɗin sunansa a iska a ƙarshen shiri. Mutanen da ba su taɓa ganin fuskarsa ba sun haddace sunan. Akasin haka ya faru da Delia Derbyshire, wadda a 1963 ta zauna tana yanka zaren naɗar sauti tana liƙawa har ta fitar da taken shirin talabijin na BBC mai suna Doctor Who daga abin da Ron Grainer ya rubuta. Ƙa'idar BBC a lokacin ba ta bari a ambaci ma'aikatan sashenta ba. Ta rasu a 2001, sunanta bai fito a allon shirin ba sai 2013. A tashoshinmu, a ƙarshen shiri ana gode wa injiniya, da mai ɗaukar waya, da direba, wani lokaci har da mai kawo shayi. Ƙara sakan uku a ce "wane ne ya tsara takenmu" ba zai karya kowa ba, kuma ga mai sana'a irin wannan, tallar da furodusa ya yi masa alkawari ke nan. Talla ba suna ai ba talla ba ce.

Tunda take ba ya ciyarwa, jingil ne ke riƙe gida: tallar makaranta, da mai maganin gargajiya, da shagon atamfa, da sanarwar rigakafi da gidan sauro da takin zamani. Manyan kwangiloli a Abuja ake ƙulla su, a ofisoshin Wuse da Maitama, su bi hannu uku ko huɗu kafin su iso ɗakin soso a Jos, kowane hannu ya ɗan gutsura. Kakar gaske ita ce zaɓe. Dokar zaɓe ta 2022 ta buɗe yaƙin neman ƙuri'a kwana 150 kafin ranar, ta rufe shi saura awa 24, kuma a tsakanin nan mai sutudiyo ba ya barci. Wanda ya daɗe a harkar ya san ya karɓi kuɗinsa kafin a kaɗa ƙuri'a, don ɗan takarar da ya faɗi ba ya ɗaukar waya, wanda ya ci kuma ya sauya lamba.

Take mai kyau yana daɗewa fiye da yadda masu tasha ke zato. Shirin Desert Island Discs na BBC yana buɗewa da kiɗan Eric Coates tun 1942. Da tashar Radio 4 ta BBC ta cire kiɗan buɗe tasha na Fritz Spiegl a 2006, sai da koke ya kai majalisa. NPR da ta sabunta taken safe a 2019 ba ta yi gangancin jefar da ƙwayar amon Leiderman ba, tufa ta sake masa. Mu kuwa sabon shugaban tasha na zuwa, abu na farko da zai nuna ya iso shi ne fentin ofis da sauya take. Abin da kunne ya yi shekara goma sha biyar yana tarawa a zubar da shi a mako ɗaya, tsohon kuma a neme shi a rasa, an naɗi wani abu a kan zaren ko kwamfutar da ke ɗauke da shi ta ƙone. Shi kansa makaɗin yana tsufa ta hanya biyu: kunne na raguwa bayan shekaru cikin abin sauraro, salonsa kuma yara su fara kiransa na da. Masu wayo sukan koma horar da yara ko su riƙe sutudiyo su bar dannawa.

Sabuwar barazanar ba daga yara take ba. Tun da daɗewa wasu tashoshi ke sauko da kiɗa daga YouTube su datsa su manna, har ka ji tasha biyu a gari ɗaya suna buɗe labarai da amo iri ɗaya. Yanzu ga manhajoji irin su Suno da Udio da suka fito a 2023 da 2024, ka rubuta musu jimla su ba ka kiɗa a cikin minti. Aikin shimfiɗa a ƙarƙashin murya, wanda dama ba a son ya ja hankali, shi zai fara tafiya, kuma ba na ganin zai dawo. Abin da ya rage a hannun mutum shi ne wanda ke buƙatar sanin gari: inda harshe ke hawa da sauka, da wane kayan kiɗa ne zai sa wani ya murɗe tasha, da yadda abu zai fito a wayar tocila.

Akwai kuma wani ɗan abu da tsofaffin hannu ke yi wanda sababbi ba su cika lura da shi ba. Sukan ba tasha haɗaɗɗen kiɗa, su ajiye asalin aikin a wurinsu a rarrabe, kalangu a layinsa, sarewa a nata, murya daban, a wuri biyu ko uku saboda tsaro. Ba a rasa ranar da tashar za ta sauya lambar zango, ko ta sami sabon mai ɗaukar nauyi da ke son a ji sunansa a cikin taken, ko a rage shirin a buƙaci na sakan bakwai maimakon ashirin. Ranar furodusa ne zai zo da ƙafarsa, ya zauna a kujera, kuma a wannan karon makaɗin ne zai fara faɗin farashi.